Ɗan Gwaggo

Ni ce auta a ɗakinmu, kuma duk wanda ya san ni a Beli ya san an sangarta ni. Har na yi wayo a bayan Inna nake kwana, in an dama fura ni ke fara sa ludayi, in na yi ɓarna a ce yarinta ce. Babban yayanmu kuwa, wanda shi ne ɗan farinta, ban taɓa jin ta kama sunansa ba. Ana yaye shi aka kai shi Zoza wajen Gwaggo, yayar Baba, wadda Allah bai ba haihuwa ba, can ya girma. In maganarsa ta zama dole sai Inna ta ce "ɗan Gwaggo", ta wuce wurin da sauri. Ba ita ta ƙirƙiro abin ba, haka matan zamaninsu suke da ɗan fari: ba a kiran sunansa, ba a yi masa wasa a gaban mutane, ba a nuna an damu da shi. Kunya ce, kuma wadda ta fi iya ta ita ake yabo.

Da yaƙin basasa ya tashi Yaya ya shiga soja, bai dawo ba. Wani abokinsa ɗan Kafin Dafga ne ya dawo gida da rauni a ƙafa, ya zo ya durƙusa a zaure ya faɗa wa Baba. Ba gawa, ba kabarin da za a je a gani. Aka ɗauko Gwaggo daga Zoza, aka shimfiɗa mata tabarma a ɗakin Inna, mata suna shiga suna yi mata gaisuwa tana kuka. Inna kuwa tana bakin murhu tana tuƙa wa baƙi tuwo. Ina tsaye kusa da ita wata mata ta rage tsawo ta ce mata ya haƙuri, sai Inna ta nuna ɗaki da muciya ta ce, "Uwarsa tana ciki."

Ina 'yar firamare lokacin, amma maganar nan ta zauna mini. Na girma ina son Inna kamar me, ina kuma jin haushinta a kan wannan abu guda. So nake in san ko ta ji mutuwar nan ko ba ta ji ba, kuma babu fuskar tambaya.

An yi kusan shekara ashirin da gama yaƙin sa'ad da baƙuwar da muke kira Malama ta zo. Lokacin Baba ya rasu, ni kuma ina aure a Karaye ina koyarwa a firamare, tun ba a yanke Rogo daga Karaye ba. Da yake Baba ya daɗe yana aikin rubutu a ofishin hakimi, ba a manta da gidanmu ba, sai aka aiko wa maigidana cewa ga wata baƙuwa daga jami'a tana neman macen da za ta riƙa shiga da ita gidaje. Na saka ran ganin wata ƙatuwar Hajiya da direba. Sai ga 'yar gajeriyar mace da tabarau, takalmin roba a ƙafa, da jakar da ta kusa rinjayarta. 'Yar cikin birnin Kano ce, Hausarta raɗau, amma ba ta iya ɓare rake da haƙori ba, sai an fere mata an yayyanka kamar mai ciwon baki. Na yi mata tsiya a kan wannan har ta koma.

A jakar akwai rikoda da kaset-kaset, da batir da kullum take fargabar ƙarewarsa. Duk gidan da muka sauka, aikinta na farko shi ne ta jera tsofaffin batir a rana a kan katanga wai su farfaɗo. Kafin wata ya zagayo yara sun sa mata Mai Rikoda, daga Karaye har Rogo.

Ranar farko dagaci ya ji an ce tarihin yaƙi take nema, sai ya tara mata tsofaffin sojoji a gindin ɗorawa. Wasu na yaƙin basasa, biyu ko uku tsofaffi tukuf na yaƙin Bama, wato yaƙin duniya na biyu, ɗaya har da lambarsa a maƙale a kan babbar riga. Suka yi ta ba ta labarin daji da ruwa da sauro, kowa shi ne ya fi kowa jarumta. Ta saurare su tsaf, ta yi godiya, ta yi musu addu'a, sannan ta ce in sun ba ta izini tana son ganin iyalinsu. Mai lambar nan ya dube ta ta saman ido.

"Mata kuma? To su wane yaƙi suka yi, 'yar nan?"

"Baba, shi ne abin da nake so in tambaye su," in ji ta.

Aka yi dariya, aka ba ta izini don dai kada a ce an hana baƙuwa. Ni kaina a ranar ina bayan tsohon, don ban ga abin da matan za su faɗa ba.

Ashe akwai. Yadda take aikinta shi ya fara ba ni mamaki. Ba ta shiga gida ta kunna rikoda. Sai ta tuɓe takalmi, a gaisa har a gaji, ta tambayi yara da awaki, in ana sussuka ta karɓi taɓarya ta yi abin da za a yi mata dariya, in ana tsinkar zogale ta ja kujera. Sai an saki jiki take cewa ga abin da ya kawo ta, ga na'urar, in ba a so ta mayar jaka. Ni da nake da gajen haƙuri har cewa nake, "Malama, rana fa tana yi." Sai ta ce mini rana ba tata ba ce, ta masu gida ce.

A Rogo muka sami wadda mijinta ya tafi ya bar mata jakuna da cinikin mazarƙwaila. Tana cikin kulle ta riƙe cinikin ta hannun ƙaninta, ta san farashin kowace kasuwa ba tare da ta taka ko ɗaya ba, da mijin ya dawo ya tarar jakunan sun ƙaru, bai taɓa tambayar yadda aka yi ba. Wata ta ce abin da ya sa ta shiga ajin yaƙi da jahilci shi ne ta gaji da mai karanta wasiƙa yana jin abin da mijinta ya rubuto mata kafin ita ta ji. Wadda ta fi ba mu dariya wata tsohuwa ce ta zamanin yaƙin Bama. Malama ta tambaye ta abin da ta fi tunawa, ta ce yoyo. Damina ta kawo kai, ba namijin da zai yi wa soro yaɓe, ita kuwa ga jariri. Sai ta ɗaura zani ta kwaɓa ƙasa ta hau da kanta da sassafe kafin maza su fito, tana saman soron limamin unguwa ya hango ta, ya juya baya ya yi kamar yana duban hadari. Tana ba mu labari tana dariya, bakin ba haƙori ko ɗaya.

Ina kewar waɗannan tafiye-tafiye har yau. Mu hau bayan a-kori-kura ranar kasuwa, mu da buhunan barkono da kaji, hanya ta bi ta tsakiyar fadama, rake kore shar hagu da dama, ƙamshin ruwan rake da ake dafawa yana biyo mu. Duk gidan da muka shiga sai an cika mana ciki, mu fito da ƙullin daddawa ko ƙwan zabi. Yawancin matan nan sun riga mu gidan gaskiya, gidajen ma an rushe an yi na bulo.

In aikin ya kai mu wajen Beli a ɗakin Inna muke sauka. Jininsu ya haɗu nan da nan. Inna ce ma take gaya mana gidan wance mijinta ya je, gidan wane ɗansu bai dawo ba, ku je da hantsi kafin ta tafi unguwa. Da na ga Malama tana neman uwar da ta rasa ɗa, sai na ce ai muna da ita a dangi, na kai ta Zoza wajen Gwaggo. Gwaggo ta tsufa, ido ya yi rauni, amma baki yana nan. Ta cika kaset har aka juya. Ta faɗi yadda aka kawo mata shi yana kukan nono, da ƙyandar da ta kusa kashe shi, da yadda ta riƙa zuwa gidan mai rediyo kullum tana sauraron labarin da ba ta gane rabinsa. Ta yi kuka, ni ma na yi.

Muna zaune a bakin hanya muna jiran mota, ina fere mata rake, sai Malama ta ce, "Ta ce kawo mata shi aka yi. Wadda ta haife shi fa, tana raye?"

"Ai Inna ce."

Ta cire tabarau ta dube ni. "Innar da muke kwana a ɗakinta? Kika bar ni ina tambayarta hanyar gidajen wasu?"

Wallahi har ga Allah ban taɓa lissafa Inna cikin matan da yaƙi ya taɓa ba, kuma ba ni kaɗai ba, duk Beli ba wanda zai nuna wa baƙuwa ɗakinta. Na ba ta labarin ranar gaisuwa da muciya, na ƙara da cewa kada ta ɓata batirinta, ba abin da za ta samu a wurin. Da zafi na faɗa, don abin ya daɗe yana cina. Ta bar ni na gama.

"Ni ma 'yar fari ce," in ji ta. "Har yau mahaifiyata ba ta taɓa tambayata me nake karantawa ba. Ƙanwata take aikowa ta tambaye ni, ta koma ta faɗa mata. Ke auta ce, ba za ki gane ba."

Na ji haushin wannan "ba za ki gane ba", har na cinye raken da na fere mata.

Da muka koma Beli ta nemi Inna ta ba ta labarin zamanin yaƙi, Inna ta ce to me zai hana. Aka kunna rikoda. Inna ta iya labari, ta kuma zuba shi: yadda gishiri ya yi wuya har ana aron ɗan kaɗan tsakanin maƙwabta, yadda kananzir ya ɓace aka koma fitilar man gyaɗa, da wata ƙawarta 'yar kudu mai ɗinki a Karaye da ta tafi garinsu ta bar mata almakashi ajiya, har yau ba ta zo ta karɓa ba. Duk inda labari ya doshi wajen soja sai ta karkata shi, kamar mai korar akuya daga shanya. Malama ba ta matsa mata ba, tana ta "to", "ikon Allah", "sai kuma aka yi yaya". Ni ce haƙurina ya ƙare.

"Inna, ai sai ki ba ta labarin Yaya."

Inna ta ɗago kai. Ta duba ƙofa ta ce kamar awaki sun shiga rumfa, ta tashi ta fita. Ba wasu awaki, suna ɗaure a turke ina ganinsu. Malama ta kashe rikoda, ta yi mini wani kallo da ko shugabar makarantarmu ba ta taɓa yi mini irinsa ba.

Muka bar maganar har wani zuwan. Ranar da hantsi Inna ta baje kuɓewa tana yankawa za ta shanya, Malama ta ɗauki wuƙa ta zauna kusa da ita. Can sai ta jawo jakarta, ta fito da rikoda da kaset ɗin duka, ta miƙo mini a gaban Inna.

"Auta, kai mini wannan maƙwabta ki jera batir a rana. Ki zauna ki yi gadinsu, kada ki dawo sai na aiko."

Ni da gidan ubana, matar aure, malamar makaranta, aka kore ni kamar 'yar talla. Na dubi Inna ko za ta ce wani abu, ta ci gaba da yankan kuɓewarta. Na tafi ina ƙunƙuni. Na zauna a gidan maƙwabta ana yi mini hira ba na ji, kunnena yana bayan katanga, ba abin da ke tsallakowa sai kukan kaji. Har aka kira azahar ba a aiko ba, na gaji na dawo da kaina. Na tarar kuɓewa ta ƙare an shanya, idon Malama ya kumbura ya yi ja, Inna kuwa fuskarta yadda na bar ta. Cewa ma ta yi in zubo wa baƙuwa abinci, na bar ta da yunwa.

A mota na tsare Malama. Na lallaɓa, na yi fushi, na tuna mata wahalar da na sha a kanta da raken da na fere mata. Ta ce ba nata ba ne balle ta ba ni, ajiya aka ba ta. Na ce uwata ce fa. Ta ce shi ya sa ba za a faɗa a gabana ba, ita kuwa baƙuwa ce, gobe ta tafi, ba za su haɗu a gidan suna ko biki Inna ta rasa inda za ta sa idonta ba.

"To in ba ki ɗauka a kaset ba, ba kuma za ki faɗa ba, me za ki rubuta?"

"Zan rubuta cewa akwai matan da aka yi wa gaisuwa, akwai kuma waɗanda suka tuƙa wa masu gaisuwar tuwo. Duk wanda ya zo bayana ya san ɗakin da zai nema."

Na yi kwanaki ba na sakar mata fuska. Da kaka ta ƙare ta tattara kaset ɗinta ta koma. Mun ɗan yi aike, ni in aika mata mazarƙwaila ita ta aiko wa Inna turare, daga baya aka yi mata canjin wurin aiki, zumuncin ya yanke ba tare da faɗa ba. Na ji an ce aikin ya fito da Turanci, ban taɓa riƙe shi a hannuna ba. In tana raye yanzu ta tsufa, ina fata ta sami mai fere mata rake.

Bayan tafiyarta da 'yan makonni aka ba mu hutu, na je Beli. Wata rana bayan la'asar muna zaune mu biyu a ƙofar ɗaki muna ɓarar gyaɗar iri, matan gidan duk sun tafi barka. Ba maganar da muke yi. Sai Inna ta ce, ba ta ɗago ba, "Auta."

"Na'am, Inna."

"Ran da yayanku ya zo sallama, kina nan ai."

"Yayanku" ta ce, ba ta taɓa matsowa kusa haka ba. Na ce ina nan.

"Ina tankaɗe ya shigo, gida cike da mata. Ya durƙusa a gefena ya gaishe ni, na ce Allah ya tsare, ya gaida uwarsa. Takalmansa kaɗai na gani ta ƙarƙashin rariya." Ta fasa gyaɗa ɗaya, ta zuba a ƙwarya. "Ke kin kalle shi, har zaure kika bi shi. Yaya kayan suka yi masa?"

Shekara da shekaru ina jiran in ga hawayenta don in yarda ta ji, ashe abin da ke cinta ko kallon ƙarshe ba ta yi masa ba. Tausayinta ya kama ni har na rasa ta inda zan fara. Ga shi kuma a ranar hankalina yana kan alewar da ya kawo mini, abin da na riƙe kaɗan ne. Na tattaro shi duka na ba ta. Na ce ya yi zanzaro, kakin ya sha guga har yana ƙara in ya motsa. Na ce ya ƙara tsawo, sai da ya sunkuya a ƙofar zaure. Ya yi baƙi, ya rame kaɗan, amma yana ta murmushi.

"Ya rame," in ji ta.

"Kaɗan, Inna. Irin ramar ƙarfi."

Ta gyaɗa kai. Ta jira, na san so take in ƙara, na yi ta lalube a kaina. Sai na tuna hular. Na ce hular ce kawai ba ta zauna ba, ta yi masa yawa, tana ta zamowa tana rufe masa kunne yana turawa da yatsa, har yaran unguwa suna yi masa dariya.

Inna ta yi 'yar dariya, irin wadda ke fita ta hanci. Ta kai hannu ta taɓa ɗankwalinta.

"Ƙaramin kai gare shi," ta ce. "Nawa ya ɗauko."

Ta jawo ƙwaryar gabanta ta sunkuyar da kai, na ga gyaɗar tana jiƙewa ɗaya bayan ɗaya. Ban kalle ta ba, na ɗebi wata na ci gaba da ɓara.